Murhun Idris Ya Dawo Gida

Garwashin bai ko mutu ba suka ɗaga murhun. Ƙarti biyu ne, kowa ya naɗe hannu da tsumma. Suka juye wutar a tsakiyar lungun Misfala a Makka, suka ɗauke shi, suka haɗa da wuƙaƙe da faranti. Idris mai tsire ya tsaya da tsinke a hannu, ya rasa wanda zai kalla.

Alhaji Abdulganiyyu, shugaban Asusun Zumunci na Hausawan unguwar, bai taɓa komai ba. Irinsu ba sa ɓata hannu. Yana gefe yana jan carbi, rigarsa sai ƙamshin turare.

"Ma'alesh, sai haƙuri, ya Idris," ya ce. "Dukiyar jama'a ce, ba tawa ba. Ka kawo fulus ka biya bashinka, ka ɗauki kayanka."

Wai jama'a! Talakawa ne suka kafa asusun nan, 'yan ga-ruwa da 'yan dako da mata masu gyaɗa, kowa na jefa ɗan abin da ya samu ranar Juma'a, don in wani ya faɗi a ɗaga shi. Idris ma tun yana saurayi yake jefa nasa. Da kuɗi suka taru sai manya suka zauna a kansu kamar kaza a kan ƙwai. Kuɗin ruwa haramun ne, ko yaro ya sani, saboda haka Alhaji ba ya karɓa. Goro yake karɓa. Goron nan kuwa duk wata sai ya haihu.

Idris ya ci bashin ne ya sayi tumaki, ya kiwata su kafin lokacin Hajji. Sai ambaliyar nan ta zo, wadda ta cika Harami har wasu suka yi ɗawafi da iyo. Misfala gangare ce, ruwan Makka ta nan yake bi. Ya tafi da tumakin, ya bar masa bashin.

* * *

"Baban Ramlatu, ka tafi mahkama wurin alƙali," in ji Baraka, matarsa, da tukunya ta kwana biyu ba ta hau wuta ba.

"In kai ƙarar manya? Da wane ido zan kalli mutane?"

"Da idon da kake kallon 'yarka ta kwanta da yunwa. Halas, ya isa haka, ka tashi."

Ya tafi. Alƙali ya saurara, ya ji shaidar maƙwabta cewa Idris ba shi da ko allura, sannan ya yanke hukunci: a soke goro, a mayar masa da kayan sana'arsa, a jira shi har Allah ya hore masa. Idris ya ji kamar an sauke masa dutse daga ƙirji. Har ƙwalla ya yi.

Alhaji ya sunkuyar da kai, wai shi mai biyayya ga shari'a.

"Mun ji, mun bi, ya Shehu. Roƙona ɗaya. Tunda an tabbatar muflisi ne, ba shi da abin biya, a sanar a kasuwa, kada wani Musulmi ya yi asarar dukiyarsa da rashin sani."

Alƙali ya ce wannan yana cikin littafi, ya amince, ya kira shari'a ta gaba.

Alhajin da bai taɓa sayen likkafani ga gawar baƙo ba, shi ya biya mai shela daga aljihunsa. Ya ce a yi da Larabci, a maimaita da Hausa, kada wani ya ce bai gane ba.

* * *

Sana'ar tsire amana ce. Da safe ka karɓi nama wurin mahauci, in ka tashi kasuwa ka biya. Washegari Idris ya wanke murhunsa tsaf, Baraka ta daka masa ƙuli da yaji, ya nufi rumfar Awwalu mahauci, wanda suka tako daga Kano tare suna yara, a bayan iyayensu.

Awwalu bai ɗago kai ba. Sai wasa wuƙa yake yi, wuƙar da tuni ta yi kaifi.

"Ya akhi, ka yi mini uzuri. Ni ma asusu na bina. Alhaji ya aiko, ya ce duk wanda ya ba ka nama, ashe yana da rarar da zai biya nasa bashin yau."

Idris ya taka har unguwar Jarwal, wurin mahautan can. Labari ya riga shi isa. Wani ya ce bukra, wai sai gobe, wani ya ce nama ya ƙare alhali cinya na rataye a bayansa. Kunya ta ishe shi, ya juyo.

A bakin lungu suka yi kiciɓis da Alhaji, zai tafi Harami sallar la'asar, don sahun farko ba ya wuce shi.

"Alhamdu lillahi, shari'a ta yi maka sauƙi," ya ce, fuskarsa fal fara'a. "Kada ka damu, ya waladi. Muna jiranka har ka samu."

Idris ya shiga gida. Ramlatu na zaune tana lasar ƙulin da aka daka don tsire, uwarta ta kau da kai kamar ba ta gani ba. Murhun na nan a inuwa inda ya bar shi, wata kyanwa ta shige ciki ta miƙe, tana jin daɗin sanyin ƙarfen.

Ya ɗaga hannu zai kore ta. Sai ya sauke, ya ƙyale ta ta yi barcinta.