Jimlar Da-na-sani

Sabon manajan otal ɗin ya ce duk mai son ci gaba da zama a teburin karɓar baƙi sai ya ci jarrabawar nahawun Turanci. Wanda ya faɗi kuma za a mayar da shi ɗakin wanki. Ya ɗauko malami daga waje, aka ba shi ƙaramin ɗakin taro na bayan kicin, inda ƙaurin soya albasa ke shigowa ta ƙarƙashin ƙofa. Ma'aikata suka sa wa malamin suna Jan Biro, don ba ya mayar wa mutum takarda sai ta koma kamar an yanka kaza a kanta.

Auta tana cikin masu zuwa ajin. Ba ta daɗe da dawowa aiki ba bayan rasuwar 'yarta. Zazzaɓi ne ya kama yarinyar da safe, Auta ta ba ta magani, ta bar ta wurin maƙwabciya ta tafi aiki, da niyyar in ta tashi su wuce asibiti. Kafin ta tashi aka kira ta a waya. A otal ɗin mutum ɗaya ce ta san yadda abin ya faru, wata abokiyar aikinta da ta girme ta, wadda take kira Yaya. Ita ta koya mata aikin tun farkon zuwanta, kuma kwano ɗaya suke ci da rana.

Auta ba ta da laifi a Turancin baki, amma a aji hankalinta ba ya zama. Sai malam ya kira ta sau biyu kafin ta ɗago. Da Yaya ta ga ya sa mata ido, sai ta tare shi a bakin ƙofa ta ba shi labarin duka, ta roƙe shi ya riƙa sassauta mata. Ya saurara har ƙarshe, ya gyaɗa kai, ya ce ya gode da ta sanar da shi.

Ranar da aka zo kan jimlar sharaɗi ta abin da ya riga ya wuce, wadda shi yake kira jimlar da-na-sani, ya ce misalan littafi ba sa zama a kai. Wa ya damu da wani Bature da jirgi ya tafi ya bari? Abin da ya taɓa mutum shi yake riƙewa. Ya fara da mai ɗaukar kaya, ya sa shi ya faɗa da Turanci cewa da ya rage cin tuwon rana da bai yi barci a aji ba. Aka yi dariya, har da Auta.

Sai ya juyo gare ta.

"Tashi, malama. Juya mana wannan zuwa Turanci: da na kai ta asibiti da safe, da ba ta mutu ba."

Auta ta dubi Yaya, Yaya ta sunkuyar da kai tana murza bakin mayafinta. Malam ya ce yana jira, lokaci na tafiya. Auta ta buɗe baki ta faɗi jimlar, ta kuskure aikatau na biyu. Ya ce ba haka ba ne, ta sake. Ta sake, ta manta kalmar da ke taimaka wa aikatau. Ya rubuta kuskuren a allo da manyan baƙaƙe, ya ja layi a ƙarƙashi, ya tambayi aji wa zai gyara mata. Babu wanda ya ɗaga hannu. Ya ce to kowa ya maimaita daidai ɗin a bayansa, kuma suka maimaita, ƙasa-ƙasa, don kowa na tsoron ɗakin wanki. Sannan ya sa ta mayar da jimlar tambaya. Ta mayar. Ya ce madalla, ta zauna.

Ba ta yi kuka a ajin ba. A banɗakin ma'aikata Yaya ta same ta tana wanke fuska, ta rantse mata cewa don ya tausaya ne ta faɗa masa. Auta ta rufe famfo, ta goge hannu a jikin siket, ta raɓa ta ta fice.

Washegari ta dawo aji, don ba ta da yadda za ta yi. Malam bai fasa ba. Duk lokacin da wani ya rikice sai ya ce ya tuna da jimlar malama. Wata 'yar ajin ma ta zo har teburin Auta ta roƙe ta ta sake faɗa mata ita, wai ta fi shiga kai. Auta ta daina cin abinci da kowa. Da rana sai ta zauna a matattakalar baya da littafinta, tana haddace dokoki kamar mai haɗiyar magani.

Da sakamako ya fito, Auta ta ci, Yaya ta faɗi. Manaja ya ji daɗin aikin malam, ya ce ya dawo ya koyar da masu kai abinci.

Wata safiya Yaya ta biyo ta gaban tebur rungume da tawul-tawul, hannuwanta sun yi fari saboda sabulu. Ta tsaya ta ce, "Auta, ina kwana? Ya ƙarin haƙuri?"

Akwai baƙi biyu a tsaye suna jiran mabuɗi. Auta ba ta ɗago daga kwamfuta ba. Ta amsa mata da Turanci mai kyau, babu kuskure ko ɗaya, cewa masu wanki ta ƙofar baya suke bi. Yaya ta gyara riƙon tawul ɗin ta juya. Auta ta miƙa wa baƙin mabuɗinsu, ta nuna musu hanyar hawa bene.