Ƙugiyar Ƙasa Kullum

Inna Ƙugiya ta zazzage buhun tsofaffin jaridu na uku a tsakiyar shagon tela, tana atishawa. Shekararta talatin tana gyaran rubutu a Ƙasa Kullum, 'yar jaridar yamma mai shafi takwas, wadda manyan jaridun birnin suka sha yi wa ta'aziyya amma ta ƙi mutuwa. Yau za a buga tarihin jaridar, kuma Edita, ɗan marigayin da ya kafa ta, ya cire labarin Inna daga ciki.

Labarin kuwa shi ne, ranar fitowar farko injin da suka samu ba shi da harafin Ƙ. Sunan jarida ya fito ɓaro-ɓaro: Kasa Kullum. Marigayi ya zube a ƙasa ya dafe kai. Inna, tana budurwa a lokacin, ta ɗauki biro ta bi kwafi ɗari biyar ɗaya bayan ɗaya tana yi wa harafin ƙugiya. Nan laƙabinta ya samo asali.

"Inna, ba ƙaryata ki nake ba," in ji Edita da safen nan, "amma tarihi sai da shaida. Baba bai taɓa ba ni wannan labarin ba."

"Wane uba ne zai ba ɗansa labarin ranar da ya zube a ƙasa?"

Maganar ta yi mata ciwo, don ita ta goya yaron nan a ofis. Kwafin da suka adana kuwa yoyon rufi ya daɗe da cinye su. Shi ya sa ta zo wurin tela, wanda tun farko yake sayen jaridar, ya karanta, sannan ya yanka samfurin riguna da ita.

"Yaya, ga ta!" Tela ya ɗago wata takarda da ta yi ja. Fitowa ta ɗaya ce, ga kwanan wata nan a gefe. Sai dai an yanka ta samfurin gaban riga, kuma ramin wuya ya tafi da sunan jaridar ɗungurungum.

Inna ta leƙa tela ta cikin ramin. "Duk faɗin shafin nan, nan kaɗai almakashinka ya gani?"

Suka yi dariya har da hawaye, amma a cikin bas, kan hanyar zuwa ofis, nata hawayen ba na dariya ba ne.

Ofishin yana saman shagon masu facin taya. Tun daga matakala ta ji shiru ya yi yawa. Ta tarar da Edita da mai inji da mai ɗaukar hoto sun kewaye ɗaurin jaridu kamar masu jinya. Ashe Edita ya zaɓo sabon salon haruffa a kwamfuta don bikin cika shekara talatin, ya ɓoye mata shafin farko wai zai ba ta mamaki. Ya kuwa ba ta. Ga shi nan da manyan baƙaƙe: SHEKARA TALATIN, KASA KULLUM.

"Kwafi ɗari takwas," in ji mai inji. "Takarda ta ƙare, masu tallar jarida kuma ƙarfe huɗu za su zo."

Edita ya sulale ya zauna a ƙasa ya dafe kai.

Inna ta dube shi, wani daɗi ya cika ta. "Har zaman ma irin na ubanka ne. Tashi, ɗana."

Ta buɗe jaka ta fito da baƙaƙen biro ɗaure da roba, ta raba wa kowa. "Daga hannun K na sama za ku lanƙwaso, a hankali. Kai mai hoto, ƙugiya na ce, ba mariƙin lema ba."

Suka duƙufa. Masu faci suka hawo suka wanke hannu suka karɓi biro. Aka shiga gasa, ana tsokanar Edita wai tasa ƙugiyar ko hula ba za ta rataye ba. Kafin ya gama goma Inna ta yi hamsin.

Huɗu saura kwata tsohon mai talla ya shigo yana jan ƙafa. Shi kullum a bakin titi yake karɓar ɗaurinsa, yau ne jira ya hawo da shi. Ya dubi jaridun, ya dubi biro a hannun kowa.

"Au, kun sake?" ya ce. "Wancan karon ma sai da tawadar yarinyar nan ta ɓata mini farar riga."

Edita ya ajiye biro. Ya jawo littafinsa ya matso wa tsohon da kujera.

"Baba, zauna ka ba ni daga farko. Inna, gobe ke ce a shafin gaba. Wane suna zan sa?"

"Wanda kowa ya sani," ta ce, ba ta ko ɗago ba. "Amma ka kawo mini shafin in duba kafin ya shiga inji."