Na Sha Biyu a Bakin Inji

Yaushe wuri ke tashi daga zango ya zama gari? Ranar da aka kafa bukkar farko ne, ko ranar da aka haƙa rijiya, ko sai an binne wani a cikinsa? Ba wanda ya sani. Malam Shu'aibu mai inji, wanda ya fi kowa daɗewa a Bakin Inji, ya sha juya tambayar a ransa bai samo mata kai ba.

Shi ya fara sauka a wurin, gefen titin da ya fita daga Gusau ya nufi Bunguɗu, lokacin ba komai sai sabara da wata tsohuwar tsamiya. Ya kafa injin niƙa saboda matan ƙauyukan kusa. Direbobi suka riƙa tambayar fasinja, "Akwai mai sauka bakin inji?" har sunan ya bi wurin. Sannu a hankali gidaje suka tsiro. Ga 'yan kamashon tasha da hayar Sabon Gari ta fi ƙarfinsu, ga manoman da rashin kwanciyar hankali ya taso daga ƙauyukansu, ga malaman firamare masu jiran canjin wurin aiki. Mai unguwa babu. In an je Gusau neman famfo a ce ai ku na Bunguɗu ne, in an je Bunguɗu a ce ku koma Gusau.

Yawan mutanen wurin ma ya danganta da lokacin da ka zo. Da hantsi mata ne da awaki. Da yamma sai ka rasa wurin taka ƙafa don babura. Ranar Sallah kuwa kowa ya garƙame ƙofa ya tafi gida, kukan kurciya kaɗai za ka ji. Mace in ta haihu gida ake kai ta wanka, mutum in ya rasu mota ake nema a kai shi gida. Duk wanda ka tambaya sai ya ce, "Ni mutumin Kwatarkwashi ne," ko na wuri kaza, "zama ne dai ya kama."

Mutum ɗaya ne ba ya faɗin haka, Baba Labbo, wani tsohon Bafulatani da 'ya'yansa suka kora shanu kudu suka bar shi saboda gwiwoyinsa sun ƙi tafiya. Kullum yana kan buzunsa a inuwar rumfar inji yana tsokanar Shu'aibu. Abin da ke cin ransa Juma'a ce. Masallacin Juma'a mafi kusa yana cikin Gusau, shi kuwa ba ya iya hawa babur, kuma ranar Juma'a motoci a cike suke wucewa.

Shi ya matsa wa liman, Malam Zaharaddeen, a nemi izinin yin Juma'a a masallacin unguwa. Bayan wata la'asar liman ya tsayar da jama'a.

"Yawa kam muna da shi," in ji shi. "Amma kafin mu je fada, Juma'a tana son maza goma sha biyu, ban da liman, mazauna, masu niyyar zama har abin da Allah ya yi. Mai jiran ya koma gida ba ya cikin lissafi. Wanda ya san nan ya zauna, ya ɗaga hannu."

Labbo ya ɗaga nasa har da sanda. Wasu suka biyo baya suna waige-waige kamar masu satar hanya. Liman ya ƙirga, goma sha ɗaya. Sai idanu suka koma kan Shu'aibu.

"A'a," in ji shi. "Ni mutumin Tsafe ne. Gonar mahaifina tana can tana jirana."

"Kai Kaɗo!" in ji Labbo. "Tsamiyar wurin ga ta san warin hammatarka, kana cewa kai baƙo ne? Ɗiyanka nan suka yi haƙora."

Aka yi dariya. Bashar direba ya raɗa wa Shu'aibu, "Malam, ɗaga kawai. Wa zai tsaga ƙirjinka ya duba?"

"In na ɗaga da hannu zuciyata tana Tsafe," in ji Shu'aibu, "kun yi sallah da mutum sha ɗaya ke nan, kuna zaton sha biyu ne. In ɗauki alhakin Juma'ar unguwa guda?"

Liman ya ce gaskiyarsa, aka watse. Labbo bai zo rumfar inji ba washegari, bai zo ba jibi.

Abin ya tsaya wa Shu'aibu a rai. Yana zuba dawa a bakin inji yana tambayar kansa: niyyar nan ta komawa, ina take zaune? Ya daɗe yana faɗinta, amma bai taɓa sa mata rana ba. Da ya gaya wa matarsa Ladidi, sai ta ce, "Malam, tun ina amarya nake jin za mu koma. Tukwanen da na ƙi saye don kada kaya su yi yawa, da yanzu sun tsufa sun fashe." Ya lura kuma da wani abu: bai taɓa zuwa gida ba sai da Sallah ko rasuwa, lokacin da kowa baƙo ne. Ya ƙudura ya je a ranar da ba komai, ya ga yadda gida yake in ba a shirya masa ba.

Ran Talata ya shiga motar Tsafe, daga can ya hau babur zuwa ƙauyensu. Ƙanensa Gambo na dawowa daga gona ya gan shi, ya yar da fartanya.

"Yaya! Lafiya? Wa ya rasu?"

"Ba kowa. Na zo gida ne."

"Haka kawai?" Gambo ya yi dariya, ya ƙwala wa matarsa kira. "Sa'adatu, kawo sabuwar tabarma, mun yi babban baƙo!"

Aka shimfiɗa masa a zaure, aka kawo ruwa a kwanon da ake ajewa don baƙi. Kafin ya gama gaisawa da maƙwabta ya ji kukan zakara ya katse a bayan gida. Ya tashi zai leƙa ɗakinsa na da, Gambo ya sosa ƙeya ya ce gyaɗa ce a ciki, amma an share masa ɗakin zaure. Da yamma suka zaga gona. Ta yi kyau, dawa ta fi mutum tsawo, iyakar da ya sani da aduwa yanzu ta koma wani wuri. Ya sunkuya zai cire ciyawa, Gambo ya riƙe masa hannu.

"Haba Yaya, ka zo hutawa ka kama noma? Mi mutane za su ce?"

Ba wanda ya yi masa laifi, abin da ya fi ba shi mamaki ke nan. Gona tasa ce in ya ce yana so, Gambo ya faɗa da bakinsa. Amma da aka kira magariba sai muryar ladanin ta yi masa baƙunta, ya tsinci kansa yana tunanin wa zai niƙa wa mata gero gobe, kuma ko an sami mai kai wa Labbo man zafinsa.

Da safe Sa'adatu ta ɗaure masa tsaraba, daddawa da kuka da gyaɗa. Gambo ya raka shi har bakin hanya, ya tare masa babur.

"Allah ya kiyaye hanya, Yaya. A gaida mutanen gida."

Shu'aibu ya buɗe baki zai gyara masa, sai ya ji ba abin gyarawa. Ya ce, "Za su ji."

Ya sauka Bakin Inji ana kiran la'asar. Ya aje ƙunshin a ƙofar masallaci, ya yi alwala, ya bi sahu. Labbo na zaune a ƙarshen sahu da ƙafafunsa a miƙe, ko kallonsa bai yi ba. Da aka sallame, kafin jama'a su miƙe, Shu'aibu ya yi gyaran murya.

"Allah gafarta Malam, tambayar nan ta ranar nan, a sake yin ta."

Liman ya dube shi. "Ka san ba da baki kaɗai ake amsawa ba."

"Na sani. Shi ya sa na daɗe."

"Kaɗo," in ji Labbo daga inda yake, "ko Tsafen ce ta kore ka?"

"Zakara suka yanka mini, Baba."

Tsohon ya gyaɗa kai a hankali, bai ƙara tsokana ba.

Liman ya ce, "To, wanda ya san nan ya zauna, ya ɗaga hannu."

Shu'aibu ya ɗaga nasa.