Burtalin da Ruwa Ya Wanke

Malam Inuwa yana kwashe ruwa daga shagonsa da tsohon kwano lokacin da Ishaya ya sauka daga kan acaɓa. Ruwan safe ne ya cika kwata, kwata ta yi amai cikin shagunan layin nan na Unguwar Kanawa.

Ɗinkin littattafai ne sana'ar Malam Inuwa. Ishaya kuwa ma'aikacin gandun daji ne. Aiki biyu ya kawo a makon: littattafan tauhidi na marigayi mahaifinsa, wanda fasto ne, duk sun yage, da kuma tsarin kula da wani gandun daji na gwamnati, wanda zai gabatar a ma'aikata yau bayan azahar.

"Sannu da aiki, Baba. Ina fata lafiya?"

"Littattafan ubanka suna lafiya."

"Tsarin fa?"

Malam Inuwa ya nuna benci da haɓa. Takardun suna shimfiɗe, sharkaf. Ishaya bai kula da rubutun ba, yana da shi a kwamfuta. Taswirar ya ɗaga. Ita ce ba ta da ta biyu. A cikin daji aka zana ta da hannu, bayan wata da watanni ana ja-in-ja tsakanin manoma da makiyaya kan inda shanu za su bi. Shugabannin ɓangarorin biyu sun dangwala a ƙasanta. Dangwalen yana nan. Jan layin burtali kuwa ya narke, ya zama jirwaye.

"Baba, yaya aka yi?"

"Ruwa ya shigo da gudu. Hannu biyu gare ni. Duka suna kan tabarma, na ɗauki waɗancan na ɗora a kan kanta. Kafin in juyo ya gama da wannan."

"Tsofaffin littattafai! Na ce maka babu gaggawa a kansu. Wannan fa na ce maka yau ne!"

"Ka faɗa."

"To, don me?"

"Na buɗe su jiya. Kowane shafi da sunan Allah. Ba a barin sunan Allah a ƙasa."

"Na Kirista ne, Baba."

"Ban tambaya ba."

Ishaya ya ajiye taswirar. Ya zauna a gefen benci. In babu burtali a taswira, ba za a sa hannu ba. In ba a sa hannu ba, sai a koma farko, ga kaka ta kusa, lokacin da shanu ke saukowa amfanin gona yana tsaye. Bara an yi jini a wurin.

Malam Inuwa bai ba da haƙuri ba. Ya aro dutsen guga wurin tela, ya shimfiɗa farin ƙyalle a kan taswirar, ya bi ta a hankali har ta bushe. Sannan ya miƙa wa Ishaya biro.

"Ka san inda layin yake. Ja shi."

Ishaya ya riƙe biron, ya daɗe yana kallon takardar.

"Na sani. Amma ba a kan layina suka dangwala ba."

"To, kira masu shi."

Dama shugabannin suna gari saboda taron sa hannu na yau, sun sauka a tashar Kawo. Ishaya ya buga waya. Ya san abin da yake tsoro. Layin da ya goge, kowa yana iya cewa ba nan yake ba.

Keke ɗaya mai ƙafa uku ya kawo su. Ardo Muhammadu, shugaban makiyaya, dogo ne siriri. Mai unguwa Irmiya, na manoma, gajere ne mai faɗi. Suka tsallake taɓo suka shiga.

Irmiya ya duba taswirar ya yi dariya. "Ardo, ka gani? Allah da kansa ya share hanyar shanunka."

"Gonarka ma ta sha ruwa, ban ji ka ce ta zama tafki ba."

"Ranka ya daɗe," Ishaya ya fara, "laifin..."

"Nawa ne," in ji Malam Inuwa. "Ku yi abin da ya kawo ku. Kuna tare min haske."

Ardo ya ture biron zuwa gaban Irmiya.

"Kai ka yi boko. Ja."

Irmiya ya ɗora bakin biron a gindin tsamiyar da aka zana a arewa. Ya gangaro. Da ya iso kusa da fadama sai hannunsa ya tsaya. Wurin nan ne aka fi faɗa a kansa, don gonar ƙanensa tana bakin ruwan. In ya kauce kaɗan zuwa yamma, gonar ta tsira, shanu kuma sun rasa mashaya. Ardo yana kallon titi kamar ba shi a wurin.

Irmiya ya ja tsaki. Ya bi da layin ta gefen gonar ƙanen nasa, har bakin ruwa, inda yake tun farko.

Ardo ya sunkuya ya duba. "Hannunka ya karkace."

"Ina?"

"Nan. Ka ƙara min."

"Tsufa ne. Bar shi, kafin in tuna ina da hankali."

Malam Inuwa ya janye taswirar daga gabansu. Ya naɗe ta yadda za ta shiga bayan kundin tsarin, ya zura zare a basilla.

"Kai, Ishaya, tafi ka sake bugo rubutun. Ku kuma ku zauna can. Kada wanda ya taɓa min komai."

Manyan biyu suka matsa kan benci ɗaya, suka naɗe ƙafafu saboda laima. Ishaya ya fita neman acaɓa da gudu.