Jan Fenti a Katangar Barakatu

Kuskuren da marigayi Usaini mahauci ya yi, dattawan Zongo da yawa sun yi irinsa. Da ya sayi fili, sai ya sa sunan ƙanensa Muniru a takarda, don shi ne ya yi makarantar boko, shi ke jin Faransanci. Wai idan hukuma ta zo da magana, akwai mai amsa mata. Usaini ya gina gida, ya rasu ya bar matarsa Barakatu da 'yarsu Zaituna a ciki. Ana gama sadakar arba'in Muniru ya tuna cewa gidan nasa ne.

Kotun farko ta bi takarda, ta ba shi. Barakatu ta ɗaukaka ƙara, lauyanta kuma ya samo umarnin alƙali cewa kada a sayar da gidan sai an gama shari'a. Ma'aikacin kotu ya zo da gwangwanin jan fenti ya rubuta a katangar waje, baƙaƙe manya-manya, cewa gidan nan ana rigima a kansa, an hana sayarwa. Lauya ya ja mata kunne: umarni yana kotu, amma mai saye katanga yake dubawa. In wani ya saya ya ce bai sani ba, fitar da shi sai an sha wuya.

Ni maƙwabciyarta ce, na ga abin da rubutun nan ya jawo mata. A Zongo, kai ɗan'uwan miji kotu abin kunya ne, balle a rubuta kunyar a bango. Masu zuwa sayen kokon da take sayarwa da safe sukan tsaya su dubi katangar su yi tsaki, har da waɗanda ko baƙi ɗaya ba su iya karantawa ba.

Sai auren Zaituna ya taso. A al'adarmu ba a karɓar dangin ango sai an shafe katanga da farar ƙasa. Muniru, wanda shi ne waliyyi, ya zo da murmushi da buhun farar ƙasa.

"Yaya Barakatu, shari'a daban, zumunci daban," in ji shi. "Dangin ango za su zo daga unguwar Hédzranawoé neman 'yarmu su tarar da wannan? A shafe, bayan biki a mayar."

Ta ce to. Ina tsaye, raina ya ɓaci, amma wa zai ce wa uwa ta bar 'yarta a bakin mutane?

Ranar ɗaurin aure katanga fes, an shimfiɗa tabarmi a gindinta. Cikin baƙin Muniru akwai wani mai ƙiba, sanye da rigar jam'iyya, wanda ba dangin ango ba ne, ba namu ba. A lokacin jam'iyya ɗaya ce a ƙasar, kuma irin waɗannan in suka shiga gida ba a fitar da su. Mutumin bai dubi liman ba. Rufi yake dubawa, ya leƙa rijiya, ya ƙwanƙwasa ƙofar zaure da yatsa. Barakatu tana hango shi daga wajen tukwane.

Ana shafa fatiha ta ajiye ludayi. Ta ɗauki bokitin ruwa da soso, ta ratsa tsakanin maza da kwalliyarta ta uwar amarya, ta ce a ɗan matsa mata. Ba ta iya karatu ba, amma ta san inda kowane baƙi yake. Ta fara goga. Farar ƙasa tana zuba a kan leshinta, jan yana fitowa.

"Yaya, me ke nan? Gaban surukai?" in ji Muniru. "Kin zubar mana da mutunci!"

"Malam Muniru, an ɗaura aure, alhamdu lillahi," ta ce, ba ta ko juyo ba. "Kai ka ce bayan biki a mayar. Ga shi ina mayarwa."

Mai rigar jam'iyya ya karanta rubutun har ƙarshe. Ya dubi Muniru, ya nemi takalmansa, ya tafi bai taɓa shinkafa ba. Dangin ango suka sunkuyar da kai. Wata gwaggon ango ta ce da sun sani da ba su zo da yawa haka ba, kuma Barakatu ta ji ta. Na ga idonta ya cika, amma ba ta daina goga ba sai da harafin ƙarshe ya fito.

Da la'asar mai hoto ya zo, ya ce a koma cikin gida saboda katangar. Zaituna, da lallenta da komai, ta ce a nan za a ɗauka.

Shari'ar ta ja shekaru. Muniru bai sake taka gidan ba, dangin angon ma sun daɗe suna gorin abin. Hoton dai yana nan har yau, amarya tsaye, rubutun kotu a saman kanta. Yana rataye a ɗakin Barakatu, a bangon da Usaini ya gina.