Babban Yatsan Gawa

Hayaƙin tsohuwar taya ya turnuƙe sito har fitilar kyamara ta koma ja. An toshe tagogi da baƙaƙen buhuna. Darakta ya ce injin hazo sai manyan kamfanoni, taya kuwa ko a bola an tsinta. Matar ɗan wasan tana tsaye bayan mai kyamara da bokitin jinin ƙarya a hannu, idonta a kan mijinta da ke ta tari cikin tsumman da ta jiƙe masa da jan kala.

Gawa ake ce masa. Tun kafin aurensu yake fitowa a finafinan ban tsoro, kuma bai taɓa kai ƙarshen ko ɗaya da rai ba. Dodo ya cinye shi, rijiya ta haɗiye shi, an sare shi, an rataye shi. Samarin da ke haukan irin waɗannan finafinai ba su san sunansa na yanka ba, amma sun haddace kowace faɗuwarsa.

Ranar da ta fara ganin mutuwarsa a talabijin, wuni ta yi tana kuka. Ya yi dariya har da riƙe ciki.

"Haba amarya! Daga yau ki riƙa duban hannuna na hagu. In kin ga babban yatsa a lanƙwashe cikin tafi, ina nan daram, gaishe ki nake yi."

Bai taɓa mantawa ba, ko a cikin taɓo aka binne shi.

Yau da safe, kafin su taho siton, sai da ta tare shi a bakin ƙofa.

"Baban yara, da wannan fukar taka za ka shiga hayaƙin roba?"

"In na ce a'a, mutum goma na waje suna jiran su mutu a madadina. Ke dai ki yi addu'a kar mutuwa ta ƙare, da ita muke cin abinci."

* * *

"Akshin!"

Dodon ya fito daga hayaƙi ya damƙi wuyansa. Gawa ya durƙusa, ƙirjinsa na fito, ya yakushi iska, ya kife. Darakta ya ɗaga hannu yana raɗa, "Kar wanda ya motsa. Tayar nan ita ce ta ƙarshe."

Ta kai ido kan hannunsa na hagu. Yatsu biyar a baje kan siminti.

"Darakta, don Allah a tsaya."

"Yi mana shiru, kina ɓata sauti."

"Yatsansa bai lanƙwasa ba!"

Babu wanda ya gane abin da take nufi. Mai fitila ya riƙe mata hannu yana murmushi, wai har yanzu ba ta saba ba. Kyamara ta ci gaba da matsawa kan fuskarsa a hankali. Ta fizge, bokitin ya kife, ta faɗa kansa tana jijjiga shi.

"Kat!" Darakta ya daka tsawa, sai kuma ya hau tafi. "Ba komai, mun samu! Tashi mana Gawa, kwanciya ta yi daɗi ke nan?"

Aka kwashe da dariya. Ita kaɗai ce ba ta yi ba.

* * *

Fim ɗin ya fito bayan ta fita takaba. Shigowarta gaban kyamara kawai aka yanke.

Wata rana a shagon gyaran waya ta tarar da samari sun yi cincirindo kan waya ɗaya suna kallon fim ɗin. Ɗayansu ya gane ta.

"Mama, ba ke ce matar Gawa ba? Wallahi bai taɓa mutuwa mai kyau irin wannan ba! Yana cikin kashi na biyu?"

Ta miƙa hannu.

"Ɗan mayar min baya kaɗan, ɗana. Tsaya nan."

Ta kawo wayar kusa da idonta, ta daɗe tana duba. Tafin a buɗe yake.