Tiyon Bai Kai Ba

Taki huɗu ya rage tiyon ya kai bakin kwatar ruwa, sai ya ƙare. Ma'aikata biyu suka ja, suka sake ja. Tiyo dai ba danƙo ba ne.

Raihana ta sauke kwanon fura a gindin darbejiya, ta dubi dashen albasar babanta, Malam Bube. Kwana biyu ke nan ba ruwa, ganyen duk ya sunkuyar da kai.

Zayyanu, ɗan wan babanta, na tsaye kan kunya da hular kwano ruwan ɗorawa. Tun da ya dawo Kagara da difloma yake sa ta, har wurin suna. Shi ya auna gonar da waya, ya zana a takarda, ya sa aka wuni ana haƙa ramin tiyo.

"Masu shago sunka cuce ka, Baba," in ji shi. "Lissahi ba ya ƙarya."

Raihana a aji uku na sakandare ta tsaya. Sauran lissafin a tsohon littafin yayanta ta tsinta, wanda ɓera ya ci babi biyun farko. Ta leƙa takardar. Giradiyen ɗin kwatar, wato lambar karkatar layinta, biyu ne. Hanya mafi kusa ita ce wadda za ta sari kwatar a tsaye cak. Shi kuwa ya rubuta wa layin tiyon mainos biyu, ya ja layi biyu a ƙasa don ƙawa.

"Yaya Zayyanu, ka canza alama, amma ba ka kihe lambar ba."

"Mi kic ce?"

"Mainos rabi ne. In ka ninka shi da na kwata, mainos ɗaya ya kamata su ba ka. Naka mainos huɗu shika badawa."

Ya yi dariya yana duban ma'aikata. "Wagga ana maganar lissahin kodinet tana maganar kihe kwano."

"Ke Raihana," in ji Malam Bube, "mutum da takardatai?"

"To, Baba. A ba albasa takardar ta sha."

Wani ma'aikaci ya yi tari. Malam Bube ya tsuguna, ya taɓa ganye ɗaya, ya murza ƙasar da ta bushe ƙarau, sannan ya dubi Raihana.

"Ina kika son a bi?"

Ta tuɓe takalmi, ta tsaya bakin fangalin farko. Taki biyu gabas, taki ɗaya kudu. Taki biyu, taki ɗaya, tana jan sanda a ƙasa, ƙaya na sukarta, har ta iso kwata. Aka ja tiyo bisa layin ba tare da an haƙa ba. Ya kai, har da ragowar da aka naɗe. Injin ban ruwa ya tashi, ruwa ya shiga fangali yana kumfa.

"Yauwa," Zayyanu ya gyara hula. "Shi na ɗaya tsarin da niy yi niyya. Gwaji munka hwara yi."

Malam Bube ya wanke fuska da ruwan, ya yi hamdala. "Boko na da rana, wallahi. Zayyanu, in ka samu sarari ka riƙa koya mata. Da alama tana da kai."

"Sai na duba lokacina, Baba."

"Kar ka takura kanka, Yaya," in ji Raihana, tana cire ƙaya daga diddige.